Tiga Cike da Ruwa, Famfon Kano a Bushe

Kurar mai ruwa takan ɗauki jarka goma sha biyu, wata ma goma sha huɗu, kowace jarka lita 25. In an cika su, nauyin ruwan kaɗai ya kai kilo 300, ban da ƙarfen kurar da tayoyinta. Wannan kaya matashi ɗaya ke turawa tun da assalatu, daga bakin rijiyar burtsatse zuwa lungunan Kurna ko Ɗorayi ko Birget, yana sa ƙirji a hawa, yana tokare ƙafa a gangare kada kura ta ƙwace. In ya iso ƙofar gida sai ya yi sallama, ya ɗauki jarka bibbiyu ya juye a randa ko a duro, ya koma ya bi layi. Da bazara ta shigo layin yakan ƙara tsawo, kuɗin jarka kuma ya tashi.

Majalisar Ɗinkin Duniya, wadda ta amince a watan Yulin 2010 cewa samun tsabtataccen ruwa haƙƙin kowane ɗan'adam ne, ta ɗauki lita 50 zuwa 100 a rana a matsayin abin da mutum ɗaya ke bukata don sha da girki da wanka da wanki. A ɗauki mafi ƙarancin. Gida mai mutum takwas yana bukatar lita 400, wato jarka 16. A ce naira 100 ake sayar da jarka: naira 1,600 ke nan a rana, 48,000 a wata, a ƙasar da mafi ƙarancin albashi tun 2024 yake naira 70,000. Magidanta kaɗan ne za su iya wannan, saboda haka sai a tsuke. A sayi jarka biyar ko shida, a yi wanka da rabin bokiti, a tara ruwan ɗaurayar kwanuka don bayi, a ɗage wanki zuwa wani mako. Uwar gida ce ke riƙe da wannan lissafi, kuma ita ce ta san abin da aka bari ba a wanke ba.

Abin da ya sa wahalar ta fi ciwo shi ne Kano ba gari ne da Allah ya hana wa ruwa ba. Kimanin kilomita 70 kudu da birnin akwai madatsar ruwa ta Tiga, wadda aka kammala a 1974 zamanin Gwamna Audu Baƙo, aka gina ta don ta riƙe kusan lita tiriliyan biyu. A Ƙaraye akwai ta Challawa Gorge da aka gama a 1992, mai riƙe kusan rabin haka. Akwai Watari a Bagwai da wasu ƙanana masu yawa. Da birnin zai riƙa shan lita miliyan 500 kullum, abin da zai ɗiba a shekara guda kimanin kashi ɗaya cikin goma ne na cikin Tiga. Gaskiya ne rana tana shanye nata, noman rani yana ɗaukar nasa, amma ruwa akwai shi. Abin da ya gagara shi ne kai shi inda ake bukatarsa, da yanke wa zai samu nawa, da sanin wanda za a tuhuma in famfo ya bushe.

Ba Kano kaɗai ba ce. A 2018 birnin Cape Town na Afirka ta Kudu ya kai ga taƙaita wa kowa lita 50 a rana. A 2019 manyan tafkunan ajiya huɗu na Chennai a Indiya suka kusa ƙafewa, har da jirgin ƙasa aka riƙa jigilar ruwa. Alƙaluman Majalisar Ɗinkin Duniya na 2022 sun nuna mutum biliyan 2.2 ba su da amintaccen ruwan sha. Sai dai waɗancan biranen fari ne ya matsa su. Na Najeriya koma baya ne a hankali, ba tare da wani fari ba: lokacin da Shugaba Muhammadu Buhari ya ayyana dokar ta-ɓaci kan ruwa da tsabtar muhalli a Nuwamban 2018, alƙaluman da aka dogara da su sun nuna masu samun ruwan famfo sun faɗo daga kashi 32 cikin ɗari a 1990 zuwa kashi 7 a 2015.

Daga bakin kogi zuwa bakin famfo

Ruwan famfo ya shigo Kano a farkon shekarun 1930, zamanin Sarki Abdullahi Bayero, lokacin da En'e ta gina matatar farko a bakin kogin Challawa wajen Fanshekara. Kafin nan rijiyoyi da kududdufai ne madogarar mutanen birni. Daga baya aka ƙara wasu matatu a Challawa, aka yi ta Tamburawa. A zamanin Gwamna Ibrahim Shekarau aka gina sabuwar Tamburawa mai iya tace lita miliyan 150 a rana, da ta Watari mai miliyan 75. A kan takarda adadin yana da kyan gani. Amma birnin da aka shimfiɗa wa bututun farko yana cikin ganuwa ne da 'yan unguwannin wajenta. Yau mutanen Kano da kewaye sun haura miliyan huɗu, kuma unguwanni da yawa sun tsiro a gonakin jiya inda ba a taɓa binne bututu ba.

Kafin ɗigo ɗaya ya fito a famfon Fagge, sai injina sun zuƙo ruwan daga kogi, an zuba masa alif ya kwantar da laka, an tace shi ta cikin yashi, an sa masa kulorin ya kashe ƙwayoyin cuta, sannan wasu manyan injina su tura shi zuwa tankunan kan tudu irin na Goron Dutse, daga can ya gangaro cikin gari. Kowane mataki lantarki yake ci. In an ɗauke wuta sai a koma kan janareta da man dizal, wanda kuɗinsa ya wuce ƙarfin kowace hukumar ruwa da ba ta tara kuɗin kirki. Matatar da aka gina don ta yi aiki dare da rana sai ta yi 'yan awoyi ta tsaya.

Wannan tsaye-tsayen yana da wata illa da ba kowa ya sani ba. Bututun da yake cike kullum, ruwan cikinsa ne ke turo waje ta duk inda ya tsage. Wanda aka bari ya zama fanko kuwa zuƙa yake yi. A unguwannin da bututu ya ratsa ta cikin kwata, da zarar an ɗauke ruwa sai ƙazantar kwatar ta shige ta tsagar, ta kwanta a ciki tana jiran a sake turo ruwa. Shi ya sa ruwan farko yake fitowa da launi da wari. Duk wanda ya zauna a irin waɗannan unguwanni ya san daren da yara ke bin layi suna shelar "An kawo ruwa!", a tashi cikin barci a jera bokitai da tukwane da baho, a bar na farkon ya zube, a tara na baya da sauri don ba a san lokacin da zai ɗauke ba.

Sai maganar kuɗi, kuma a nan ne igiyar ta ƙulle. Yawancin gidajen da ke da famfo a biranen Najeriya ba su da mita. Ana kawo musu takardar biya ne da ƙiyasi, daidai da na maƙwabcin da ya sha ninki uku. Mutumin da ya yi wata biyu bai ga ruwa ba, in an kawo masa takarda ba zai biya ba, kuma da wuya a ga laifinsa. In bai biya ba hukuma ba ta da kuɗin alif da dizal da gyaran inji, sai ruwa ya ƙara ja baya, sai masu ƙin biya su ƙaru. Abin da aka samu aka tace ɗin ma, kaso mai yawa yana zubewa a ƙasa ta tsofaffin bututu ko ya tafi ta haɗin sata. Ƙara gina matata a kan irin wannan bututu zuba ruwa a kwando ne. Duk da haka sabon gini ya fi jan hankalin gwamnatoci, domin shi ake yanka wa ƙyalle a ɗauki hoto. Canza ruɓaɓɓen bututu a ƙarƙashin titi aiki ne na shekaru, yana damun masu motoci, kuma in an gama babu abin nunawa sai ruwa a gidajen mutane.

Kowa ya haƙa tasa

Da famfo ya gaza, mai hali ya haƙa burtsatse a gidansa. Mai neman sana'a ya haƙa ya sayar wa 'yan garuwa da masu ruwan leda. Masu neman lada da 'yan siyasa suka yi ta kafa tuƙa-tuƙa da tankuna masu aiki da hasken rana a masallatai da bakin titi. Wannan ya ceci rayuka, babu mai musu. Amma birnin Kano yana zaune ne a kan dutse. Ruwan ƙarƙashinsa yana maƙale ne a ruɓaɓɓen saman dutsen da tsage-tsagensa, ba shi da yawa kamar na ƙasashen yashi da ke gabas wajen Haɗeja da Borno. In aka jera rijiyoyi a layi ɗaya, mai zurfi ce ke shanye ta maƙwabci, kuma rijiyar talaka ta hannu ita ke fara ƙafewa. Babu wanda zai iya faɗin yawan burtsatsen da ke cikin birnin, balle yawan abin da ake zuƙa.

Ga kuma batun abin da ke cikin ruwan. A unguwanni masu cunkoso, masan wani gida yana iya zama taku kaɗan daga rijiyar gidan da ke bayansa. Majemu da masana'antun Sharaɗa da Challawa da Bompai sun daɗe suna sakin gurɓataccen ruwa a rafukan Salanta da Getsi da kogin Challawa, kuma binciken masana a jami'o'i ya sha samun sinadarin kuromiyam na jima a cikinsu. Da ruwan Jakara da Getsi ake ban ruwan wani kaso na latas da alayyafo da ke shiga kasuwannin birni. A 2021 kwalara ta kama mutum fiye da 111,000 a Najeriya, ta kashe fiye da 3,600, kuma Kano da Bauchi da Jigawa suna cikin jihohin da abin ya fi tsanani. Amai da gudawa ba ya bin unguwar da famfonta ke zuba tsabtataccen ruwa kullum.

Biranen da suka gyara

Akwai masu cewa wannan ciwon talauci ne, sai ƙasa ta yi arziki zai warke. Labarin Phnom Penh, babban birnin Kambodiya, ya ƙaryata su. A 1993, bayan shekarun yaƙi da kisan ƙare dangi, hukumar ruwan birnin tana asarar kashi 72 cikin ɗari na abin da take tacewa. Ruwa yana zuwa kimanin awa goma a rana, ga ƙaramin ɓangare na gari, kuma ma'aikatan hukumar da kansu ke yi wa mutane haɗin sata. A shekarar aka naɗa wani injiniya mai suna Ek Sonn Chan ya shugabance ta. Ya fara da ƙidaya gida-gida don a san su wa ke shan ruwan. Ya sa mita a kowane haɗi. Ya kori ma'aikatan da aka kama da cin hanci, ya ɗaga matasa masu ilimi, ya gyara albashi. Sannan ya nufi manya, ministoci da hafsoshin soja da suka saba sha kyauta, ya ce su fara biya kafin a tambayi talaka. Shi da kansa ya sha ba da labarin wani janar da ya ɗora masa bindiga a ka kan maganar sa mita. An ba hukumar 'yancin riƙe kuɗinta, an ƙara farashi a hankali bayan ruwa ya fara zuwa, an sassauta wa marasa ƙarfi kuɗin haɗi ana karɓa kaɗan-kaɗan. Cikin shekara goma sha biyar asara ta sauko zuwa kimanin kashi 6, ruwa ya koma awa 24, kusan kashi 90 na birnin yana samu. Talakawan da aka haɗa wa famfo sun koma biyan abin da bai kai rabin kuɗin da suke ba masu tallar ruwa a da ba. Kuma a duk tsawon wannan gyara hukumar gwamnati ce, ba a sayar da ita ga kowa ba.

Wagadugu, babban birnin Burkina Faso, ta fi kusa, kuma ruwan samanta bai fi na Kano ba. Hukumar ruwa ta Burkina Faso, ONEA, tana jawo ruwa daga madatsar Ziga a kan kogin Nakambe, kimanin kilomita 50 daga birnin. Abin koyi a wurinta shi ne yadda ta yi da unguwannin da suka tsiro ba tare da awon gwamnati ba. Maimakon ta jira sai an yi musu taswira, tun wajen 2009 ta riƙa kai babban bututu bakin unguwa, ta sa mita, ta sayar da ruwa a sari ga ƙananan 'yan kasuwa da ta ƙulla yarjejeniya da su. Su kuma su shimfiɗa ƙananan bututu, su kula da famfunan layi, su sayar a farashin da hukuma ta yanke. Birni kamar Kano da ke da dubban 'yan garuwa da masu burtsatse yana da mutanen da suka riga suka san kowane lungu da kowane gida. Kora da kame ba zai amfani kowa ba. Abin da ya dace shi ne a yi musu rajista, a riƙa gwada ruwan da suke ɗiba, a buɗe musu wuraren ɗiba daga bututun hukuma a farashi mai sauƙi.

Masu jiran ragowar

Ruwan da Kano ke sha ba nata ba ne ita kaɗai. Kogin Kano da na Challawa suna haɗuwa a wajen Tamburawa su zama kogin Haɗeja, ya wuce ta Wudil ya shiga Jigawa. Bayan garin Haɗeja ƙasa ta baje, kogin ya rarrabu ya zama fadamun Haɗeja da Nguru. Wajen Gashuwa ya haɗu da na Jama'are su zama Komadugu Yobe, ya bi ta Gaidam, ya zama iyakar Najeriya da Nijar a yankin Diffa inda ake noman tattasai da ruwansa, ya ƙare a Tafkin Chadi wajen Bosso da Malam Fatori. Tiga da Challawa Gorge ne ke riƙe da kusan kashi 80 cikin ɗari na ruwan kogin Haɗeja. Wanda ke murɗa ƙofar dam a Tiga yana taɓa tukunyar masunci a Nguru, ko ya sani ko bai sani ba.

Kafin a yi madatsun, kogin yana da tsarinsa. Da damina ya cika ya malala, a shekarun 1960 yakan rufe fiye da murabba'in kilomita 2,000. Manoma su shuka shinkafa a cikin ruwa, kifi ya hayayyafa. In ruwa ya fara ja da kaka, a bi danshi a shuka wake da kayan lambu, sannan Fulani su iso da shanu su ci ciyawar da ta tsiro da karan da aka bari. Da rani kogin ya bushe ƙaf, ruwan da ya nutse ya ciyar da rijiyoyi har nesa da fadama. Fili ɗaya, mutum uku suna cin moriyarsa a lokuta daban-daban. Bayan madatsun da farin shekarun 1970 da 1980, a wasu shekaru malalar ba ta kai murabba'in kilomita 1,000 ba. Inda fadama ta tsuke, manomi da makiyayi suka koma haɗuwa a wuri ɗaya a lokaci ɗaya, kuma an san abin da hakan ke haifarwa.

Wata ɓarnar ta zo ta inda ba a zata ba. Domin a ciyar da matatun Kano da gonakin rani, sai aka koma sakin ruwa kaɗan-kaɗan duk shekara. Kogin da ya saba bushewa da rani ya daina bushewa, kuma babbar ambaliyar da ke wanke hanyoyinsa ta daina zuwa da ƙarfinta. Wannan shi ne abin da ciyawar kachalla ke so: ruwa marar zurfi da ba ya ƙafewa. Ciyawar ta fi mutum tsawo, saiwarta tana sarƙewa a ƙasa, laka ta taru a gindinta har hanya ta toshe. Tsohuwar hanyar kogin Haɗeja da ta Burum Gana suka cushe, ruwa ya karkata zuwa Marma da tafkin Nguru. Sai ga ƙauyuka a gefe ɗaya gonakinsu sun nutse shekara da shekaru, a ɗaya gefen kuma ana kallon busasshiyar hanya. Masunci ba ya iya kutsa kwalekwale cikin kachalla. Tsuntsayen jan baki suna kwana a cikinta su fito da safe su cinye gero da shinkafa, sauro da dodon koɗin da ke yaɗa tsargiya suna samun mafaka. Mutanen ƙauyuka sukan haɗu su shiga ruwa da adduna da lauje su buɗe hanya da hannu, bayan 'yan watanni ta sake rufewa. Wannan tafki na Nguru da hanyar Marma shi ne wuri na farko a Najeriya da aka sa cikin jerin dausayin duniya na yarjejeniyar Ramsar, a shekarar 2000.

Adalci ne a faɗi alherin madatsun. Shinkafar Kura da tumatirin Kadawa da alkamar Bunkure da Garun Malam daga Tiga suke sha, kuma dubban gidaje sun tsaya da ƙafarsu a kan wannan noma. Sai dai a farkon shekarun 1990 wani masanin tattalin arziki, Edward Barbier, da abokan aikinsa sun auna abin da kowace lita ke samarwa a fadamun Haɗeja da Nguru, in aka haɗa noma da kifi da itace, da abin da take samarwa a aikin noman rani na kogin Kano. Na fadama ya fi, ninkin ba ninkin. Ba a yi irin wannan awo ba kafin a tare kogin. Shi ya sa duk lokacin da aka tado maganar gina madatsar Kafin Zaki a kan reshen Jama'are a jihar Bauchi, mutanen Yobe da Borno ke tashi tsaye, domin Jama'are ne reshen da ya rage yana kawo musu ruwa yadda Allah ya saukar.

Wa ke da wuƙa da nama?

Madatsun Tiga da Challawa Gorge suna hannun Hukumar Raya Kogunan Haɗeja da Jama'are, ta gwamnatin tarayya, wadda aka kafa a 1976. Ita ce kuma ke gudanar da manyan ayyukan noman rani, wato mai rabo ita ce ɗaya daga cikin masu ci. Matatun ruwa na jihar Kano ne. Ƙasan kogin wajen Borno yana ƙarƙashin wata hukumar tarayyar daban. Rijiyoyin ƙauye na ƙananan hukumomi ne da hukumomin jiha. Gurɓata ruwa kuma aikin hukumomin muhalli ne. A kan iyaka akwai yarjejeniyar Maiduguri ta 1990 tsakanin Najeriya da Nijar kan rabon ruwan da suka yi tarayya, wadda ta haɗa da Komadugu Yobe da Gulbin Maraɗi, wanda madatsar Jibiya ke tare ruwansa daga sama. Kowa yana da yanki, babu mai ɗauke da kogin gaba ɗayansa.

An yi yunƙuri. A 2006 gwamnonin Bauchi da Borno da Jigawa da Kano da Filato da Yobe suka haɗu a Damaturu tare da gwamnatin Shugaba Olusegun Obasanjo, suka amince da tsarin kula da kogin tare, suka kafa asusu na musamman. An yi aikin yashe wasu hanyoyi da cire kachalla. Amma asusu ba shi da ikon umartar kowa ya buɗe ƙofar dam ko ya rufe. Ƙudirin dokar albarkatun ruwa ta ƙasa, wanda zai kafa mai sa ido mai zaman kansa, ya faɗi a majalisa a 2018, aka sake kawo shi a 2020 da bayanta, yana sake faɗuwa. Jihohi da ƙungiyoyi da yawa, musamman a kudu da tsakiyar ƙasa, sun ɗauke shi a matsayin dabarar ƙwace musu gaɓar koguna. Tsoronsu yana da tushe a rashin yarda da ke tsakanin al'ummomin ƙasar, kuma masu kawo ƙudirin ba su yi aikin da ya kamata na zama da mutane su fayyace ba. Sakamakon shi ne har yanzu dokar soja ta 1993 ce ginshiƙi.

Rashin mai ɗaukar nauyi ba ya tsayawa a ƙarancin ruwa. A watan Agustan 1988 madatsar Bagauda ta ɓalle a Kano. A 1994 ruwan madatsar Alau ya shiga Maiduguri. Shekara talatin bayan haka, a daren 9 zuwa wayewar 10 ga Satumban 2024, Alau ta sake ɓallewa a kan kogin Ngadda. Ruwa ya shiga Gwange da Kasuwar Monday da fadar Shehu da asibitin koyarwa, ya raba fiye da mutum 400,000 da gidajensu, da yawansu waɗanda rikicin Boko Haram ya riga ya kora daga ƙauyukansu. Mazauna kusa da madatsar sun ce sun daɗe suna ganin lalacewar suna kokawa. Alau ɗin nan ita ce ke ba matatar Maiduguri ruwa, saboda haka garin da ya nutse a Satumba shi ne ya shiga neman na sha da na noman rani bayan ruwa ya janye.

Madatsar ƙasa tana bukatar a riƙa duba jikinta kowace shekara, a auna yoyon da ke fita ta gindinta, a gyara ƙofofi, a share mafitar ambaliya kafin damina. Ana bukatar a san yawan lakar da ta taru a ciki, domin ita ke rage wurin ajiya. Ana bukatar ma'aunai masu aiki a Wudil da Haɗeja da Gashuwa da mutanen da ake biya su karanta su kullum, da jadawalin sakin ruwa da za a sanar a rediyo da Hausa da Kanuri da Fulatanci, yadda manomin Auyo da masuncin Nguru za su san ranar da ruwa zai iso musu. Waɗannan ayyuka ba su kai kuɗin sabuwar matata ɗaya ba. Tiga ta girmi Alau da fiye da shekara goma, ta fi ta girma fiye da sau goma, kuma Wudil da Ringim da Haɗeja duk a ƙasanta suke. Majalisun dokokin Kano da Jigawa da Yobe suna da hurumin neman a kawo musu rahoton binciken lafiyarta na baya-bayan nan, a karanta shi a bainar jama'a kafin damina mai zuwa.